Malafar da Aka Auna da Ƙwarya

Jikata Ramatu, wadda ke koyar da ƙananan yara a lakwal, wato makarantar boko, ta shigo mini da hantsi ita da wasu samari biyu abokan aikinta. Ko zama ba su yi ba ta ce, "Tsoho, ɗaurin kaba muke so. Yaran ajinmu za su yi ma babanninsu kado, 'yar kyauta, da hannunsu. Ɗan abu fasil dai, mai sauƙi, irin 'yar malahwar nan da kake yi kana gyangyaɗi."

Wai ina gyangyaɗi! Na dube ta, na dubi samarin nan da hannuwansu sumul kamar ba su taɓa riƙe ko tsinke ba, na ce kaba ba za ta fita gidan nan ba sai an zauna an ji yadda take. Matata ce ta wasa, amma wasan jika da kaka bai hana a faɗi gaskiya. Abin da na gaya musu shi nake maimaitawa a nan, don ba su kaɗai ne ke ganin saƙar malafa aikin mai jin barci ba ce.

Aikin farko da Kawu Labo ya sa ni ba saƙa ba ce, yanka ne. Ƙanen mahaifiyata ne, a hannunsa na koyi sana'a, a ƙauyenmu da ke bakin Gulbin Kaba tsakanin Mayahi da Tasawa. Ya miƙo mini wani ɗan lauje da ƙotarsa ta sha hannu har ta yi baƙi, ya nuna mini fadama da haɓa, ya ce in je in kawo. Na je na sassaro duk ganyen da ya fi girma da kyan gani, na ɗauro himili guda na dawo ina taƙama, hannuwana duk ƙaya ta zane su. Kawu ya zare ɗaya ya lanƙwasa, ta ce ƙas. Ya ce, "Wagga ta shinge ce. Kai ma innarka ta yi tsintsiya." Ashe kabar saƙa ita ce 'yar tsakiya, wadda ba ta gama buɗewa ba, fara-fara mai laushi. Ita ma ba a kwashe ta duka daga gindi ɗaya. Ka ɗauki kaɗan ka bar wa gindin sauran, in ba haka ba baɗi ka dawo ka tarar da kututture. Kuma kafin ka zura hannu sai ka fara zura sanda, don kububuwa ma ta san daɗin inuwar kaba.

Daga yanka sai shanya. In ta sha rana da yawa ta ƙone ta riƙa karyewa a hannu, in ba ta sha ba ta yi fumfuna a ɗaki, malafa ta fito da tabo-tabo. Ranar aiki kuwa tun da asuba za ka yayyafa mata ruwa, ka naɗe ta cikin tsohon buhu ta yi laushi. Yayyafi na ce, ba jiƙo ba. Wanda ya saƙa da jiƙaƙƙiyar kaba, ranar da ta bushe saƙar za ta saki, ka hango gari ta cikinta.

Kayan aikinmu ba su cika tafin hannu ba: 'yar wuƙa, basilla, da farcen babban yatsa. Farcen nan ya fi su duka aiki, shi ya sa har yau kuke ganin nawa ya yi kauri kamar ƙofato. Rani guda cur na yi ina tsaga kaba da shi, ban saƙa ko taki ɗaya ba. Kawu zai damƙi abin da na tsaga ya baza a cinya, in ya samu sili ɗaya da ya fi 'yan uwansa faɗi sai ya maƙala mini shi a kunne, in yini da shi, duk wanda ya shigo rumfa ya san abin da na yi. Akwai ranar da kunnuwana biyu suka cika, ya fara soka mini a hula.

Malafa kuwa ba a dunƙule ake saƙa ta ba. Doguwar saƙa ake yi tukuna, mai faɗin yatsa biyu, kamar kitso, a yi ta ja har ta taru a gefenka ta yi tuli. Sannan a ɗauki basilla a fara naɗe ta ana ɗinkewa daga cibiya, wato tsakar ka, a sauko a yi ƙoƙo, a karya a fita baki. A wurin karyawar nan ake gane gwani. In ka ja zare da ƙarfi bakin ya ɗage sama ya zama akushi, in ka sassauta ya zubo a kafaɗa. Tawa ta farko ta haɗa duka biyun, gefe guda sama gefe guda ƙasa. Kawu ya juya ta, ya sake juyawa, ya kira matarsa ya ce ga abin rufe 'yan tsaki saboda shirwa. Ta kuwa yi aiki, don ba a rasa ɗan tsako ko ɗaya ba a shekarar.

Wani Bafillace ne ya fara sayen aikin hannuna a kasuwar Mayahi. Ya ɗaga malafar ya sa ta tsakaninsa da rana, ya rufe ido ɗaya yana neman inda haske zai ɓullo. Bai samu ba. Ya kwance goransa ya tsiyaya ruwa a ƙoƙon, ya tsaya yana kallon ƙasanta. Da ya ga ba ɗigo, ya kafa baki ya shanye ruwansa, ya kife ta a ka, sannan ya tambayi kuɗi. Fulani suna son ƙoƙo mai tsini, su kai wa baduku ya lulluɓe shi da jar fata. Manomi ba ruwansa da ado, baki mai faɗi yake so wanda zai rufe masa wuya in ya duƙa. Buzaye masu raƙuman gishiri a kan rawani suke ɗora tasu, dole ka buɗa musu ƙoƙo. Kowa kuwa sai an auna kansa. Silin kaba guda za ka zagaya masa a saman kunne, ka sa yatsa tsakani saboda ranar da bai yi aski ba, ka ƙulle. Kai ba ya kama da kai. Na ga mai ɗan kai kamar goruba, na ga mai ƙeyar da sai an ƙara mata ɗaki.

Shekarar da muka samu mulkin kai, wani mushe, wato malamin lakwal, daga Tasawa ya zo ya ce yana son mafitai masu launin tuta, yara su riƙa kaɗawa ranar biki. Fari dai launin kaba ne, kore na sayo galura a kanti. Ruwan goro ne ya ba ni wuya. Na yi ta dafa karan dafi da rawaya, in tsoma in fitar, ya yi ja, in ƙara, ya koma ɗorawa, har dai na samu. Hannuwana suka daɗe kamar na amarya, mata na tsokanata a bakin rijiya suna tambayar wa ta ƙunsa mini.

Kowa in ya tashi ba da labarin muguwar shekara, fari yake kawowa ko fara. Ni tawa muguwar shekarar ita ce wadda kowa ya fi jin daɗinta. Ba a daɗe da bikin nan ba gyaɗa ta yi kyan da tsofaffi suka ce ba su taɓa gani ba. Buhuna suka taru a Tasawa kamar duwatsu, kamyo, wato motar kaya, wannan na shiga wannan na fita. Aljihun manoma ya yi nauyi, 'yan kasuwa kuma ba barci suke ba. Suka cika kantuna da laima, da hular kwano irin ta Nasara, da wata hula mai baki a gaba irin ta direbobi. Nan da nan samari suka ce malafa ta bagidaje ce. A lokacin idon Kawu ya yi rauni, ya bar mini rumfa. Sai in ɗora wa jaki kaya in ci kasuwar Maijirgi, in ci ta Urafane, in dawo da su yadda na tafi da su, har jakin ya gane, ya daina jiran a juya shi. Waɗanda na jibge a ɗaki gara ta shiga ta ƙasa ta yi biki. Igiyar ɗaure buhu ce ta ciyar da gidana a shekarar, ni da na iya karya baki na koma tufka kamar ɗan koyo. Raina ya ɓaci ƙwarai, ba na ɓoyewa.

Zaman banzan nan shi ya tara mini yara. Da farko goruba suke zuwa gaigaya, sai suka fara tsintar guntayen kaba a ƙasa suna kwaikwayona. Da na ga ba mai saye balle in ce suna hana ni ciniki, na ce su zauna sosai in nuna musu. Ban san wanda ya fara ba, amma kafin a gama cire gyaɗa abin ya zama yayi a ƙauyen: kowane yaro sai ya yi wa babansa wani abu da hannunsa. A nan na koyi abin da na gaya wa Ramatu ta riƙe. Yaron da bai yi famfara ba, kitso mai sili uku ne iyakarsa, ya ja shi ya yi tsawo, a ƙulle masa ya zama maratayin buta ko na wuƙa. Wanda giɓinsa ya fara cikewa zai iya mafici, in ka fara masa gindin ka kama masa bakin. Kada ka ba yaro basilla sai kana zaune kusa da shi, kuma kada ka gyara masa aiki a bayan idonsa, yana ganewa. Akwai wanda ya yi gaggawa ya saƙa wa jakin babansa takunkumi da ɗanyar kaba, jakin ya cinye takunkumin tukuna sannan ya shiga gonar wake.

Iyayen ne suka fi ba ni dariya. Mutanen da ba ka jin yabo a bakinsu ko gona ta yi yaya, sai ga su a dandali kowa da karkataccen maficinsa. Na ga dattijo yana fifita da sanyin safiya yana rawar ɗari, don dai a tambaye shi wa ya yi.

Aikin da ya fi tsaya mini a rai cikin na yaran nan shi ne na Tsahara, 'yar farin maƙwabcina Sha'aibu Dogo. Ku 'yan yanzu da kuke cilla ɗan fari sama a gaban surukai ba za ku gane ba. A lokacinmu uba ba ya kiran sunan ɗan farinsa, ba ya zama da shi, ba ya yaba shi, in magana ta kama sai ya bi ta bakin wani. Kunya ce, ba ƙiyayya ba. Tun da aka yaye Tsahara aka kai ta ɗakin kakarta Iya Gambo, mahaifiyar Sha'aibu, shi kuwa in zai ambace ta sai ya ce yarinyar wajen Iya. To ƙanenta Habu ya tufka wa babansu igiyar jaki a rumfata. Sha'aibu ya ɗaga ta a dandali yana nuna wa kowa, yana cewa, "Habu ne ya yi, Habu nawa." Tsahara na tsaye a gefe da tulu a ka, ta ji komai. Yarinya ce da giɓinta bai gama cikewa ba. Washegari ta zo ta durƙusa a bakin rumfa.

Ta ce, "Baba Nomau, malahwa nike so in yi."

Na ce, "Malahwa aikin maza ce, kuma ba ta yara ba ce. Yi mahici."

"Kowa ya yi mahici."

"To yi igiya."

"Habu ya yi igiya."

Na ce, "Wa za ki yi mawa?"

Ta sunkuya tana tona ƙasa da yatsan ƙafa. Can ta ce, "Baba. In munka kai abinci gona, tsumma nike gani bisa kanshi. Rana na dukan shi wajen cire gyaɗa."

Na gaya mata gaskiya. Ranar da maza za su kai gyaɗa awo Tasawa ta kusa, kuma da kunnena na ji babanta a dandali yana cewa in ya sayar, hular direbobi zai saya kamar kowa. Ko gwani ne ya yi malafa a shekarar nan ba mai sa ta, balle ɗan koyo. Ga kuma kunya, ko ya so, da wane ido zai fita da aikin 'yar fari a ka? Ta saurare ni har na gama, ta ce, "In ya ga tawa ba shi sayen tasu." Na ga yarinyar nan ba tashi za ta yi ba, na ce ta matso.

Sai awo. Na zare sili na miƙa mata na ce ta je ta zagaya kan babanta ta ƙullo. Ta dubi silin kamar na miƙa mata maciji. Ita da ba ta zama tabarma ɗaya da shi, ina ita ina taɓa kansa? In ni na je na auna, asiri ya tonu. Hularsa kuwa ba ta sauka sai a ɗakinsa, ɗakin da ba ta shiga. Muna cikin wannan sai ga Iya Gambo ta biyo sawun jikarta, ta ji abin da ake ciki.

Ta ce, "Awon mi? Kan Sha'aibu? Yo ni da na haihe shi ina zaune kuke neman awo?"

Ta koma gida, muna jin ta tana ƙwanƙwasa ƙorai, ta dawo da wata babbar ƙwarya wadda ake dama wa 'yan gayya fura a cikinta. Ta kife ta a gabana ta ce, "Ga kan Sha'aibu nan, ba ragi ba ƙari."

Na ce, "Iya, wagga ta yi girma."

Ta ce, "Kai ka haihe shi ko ni? Ka san wuyar da na sha bisa wanga kai? Da ungozoma na da rai da ka ji labari."

Wa zai yi gardama da uwa a kan abin da ta haifa? Na so in lallaɓa in sa yarinyar ta rage a wajen ɗinki, amma ina! Duk zagaye ɗaya sai ta kifa aikin a kan ƙwaryar ta gwada, in ya matse ta warware. Ta ce Iya ta ce ba ragi.

Sai ta gama surfe da ɗebo ruwa take zuwa, ta zauna a bayan rumfa inda ba a hango ta daga hanya. Kaba ta yayyanka mata yatsu, Iya Gambo ta ƙunsa mata lalle a kai, washegari ta dawo. Ta yi kuka sau ɗaya, ranar da na ce ta warware saƙar yini guda don ta tsallake sili, ta share hawaye da gefen zane ta warware. Ban sa mata hannu ba sai a wurin karya baki, nan ma hannunta na riƙe, ita ta soka basilla. Ta roƙi ragowar jar kaba ta sa layi ɗaya a ƙoƙon, layin ya tashi daga gabas ya ɓata hanya ya ƙare a kudu. Da aka gama, bakin ya yi tudu da kwari, ƙoƙon kuwa ƙwaryar Iya ce sak. Amma da na ɗaga ta na sa ta tsakanina da rana, hasken da ya ɓullo bai taka kara ya karya ba. Saƙar ta kama, na kuma gaya mata haka.

Ranar awo da sassafe Iya Gambo ta ɗora malafar a kan buhunan Sha'aibu a bakin zaure, ta wuce abinta. Haka ake yi, 'yar fari ba ta miƙa wa uba abu hannu da hannu. Ni da Tsahara muna leƙe ta shingen gidana. Maza suka fito da jakuna a jere, ga Sha'aibu ya fi kowa tsawo, tsohuwar hularsa ce a kansa. Ba malafa a ka, ba malafa a kan kaya. Ya wuce yana hira da abokansa. Yarinyar ba ta yi kuka ba, ta dai saki shingen ta koma gida.

Ni ma ranar kasuwa ce a gare ni, na ɗora kayana. Iya Gambo za ta kai ƙuli-ƙuli, ta ce jikarta ta ɗauko mata faifai ta biyo mu, wataƙila kallon gari ya ɗauke mata hankali. Duk tsawon hanya Tsahara na biye da mu da faifai a ka. Ni kaina ban ji daɗi ba, don na san yadda yatsun nan suka sha.

Inda nake baza kaya a Tasawa yana kallon hanyar da ta fito daga wajen ma'auni. Iya ta zauna kusa da ni da ƙulinta, Tsahara ta shige bayan tulin malafuna ta lafe, ido kawai take fitarwa. Mutanen ƙauyenmu suka fara wucewa ɗaya bayan ɗaya, kowa da sabuwar hula mai baki, wasu ko takardar kanti ba su cire ba. In ta hango dogon mutum sai ta ɗan miƙe, in ta ga ba shi ba ne ta koma. Rana ta take tsaka, aka yi azahar, kakarta ta miƙa mata ƙuli ta girgiza kai.

Sai muka ji dariya tana tahowa kafin masu ita. Can ga wani dogo a tsakiyar mutane, malafa ta sauko masa har karan hanci, ya ɗage haɓa sama don ya ga hanya, hannu ɗaya dafe da ita a ka. Ga jan layin nan da ya ɓata hanya, ba mai kama da shi a duk kasuwar. Wani na gaba yana ta shela, "Ku ba jinkar rumbu hanya!"

Ɗaya daga cikin abokansa ya riga shi isowa, yana dariya har hularsa na faɗuwa. Ya ce, "Nomau, kai ka yi mashi wanga aiki? Tun da munka wuce rijiyar bakin gari ya hiddo ta cikin riga ya kihe. Ya yi karo da jaki, ya yi karo da ma'auni, mai awo ya ce ya tsaya nesa kada a haɗa da nauyinta. Munka kai shi kanti munka zaɓa mashi hula, ko gwadawa ya ƙi."

Sha'aibu ya iso ya tsuguna, ya gai da mahaifiyarsa, ya gaishe ni. Ƙafafun Tsahara na waje ta ƙarƙashin kaya, kowa na ganinsu, shi kuwa ko kallon wajen bai yi ba. Ya cire malafar ya miƙo mini da hannu biyu.

Ya ce, "Igiyar haɓa nike so ka sa mani. Iska na son raba ni da ita."

Na juya ta a hannu, na ɓata fuska irin ta Kawu Labo. Na ce, "Sha'aibu, wagga aikin ɗan koyo ce. Ga nawa nan tuli ba mai saye, zaɓi wadda ta yi maka mu yi musanya."

Ya ce, "A'a."

"To bari in kwance ƙoƙon in rage maka, ka riƙa ganin gabanka."

Ya miƙo hannu ya dafe ta a cinyata. Ya ce, "Kada ka taɓa ko sili guda. Igiya na ce."

Iya Gambo ta leƙo ta dubi malafar, ta dubi kan ɗanta, ta taɓe baki. Ta ce, "Ni dai na san abin da na haihwa. Kan nashi ne ya tsuke da girma." Wurin ya kaure da dariya, har mai goron da ke kusa da mu ya ƙware.

Na yanko siririyar fata mai laushi, na huda gefe da gefe na ɗinke da kyau, yadda nake yi wa manyan masu saye. Ya karɓa ya kife, ya ɗaure a ƙarƙashin haɓa, ya miƙe. Ya juya mana baya yana fuskantar hanya kamar mai duban jakunansa, ya yi gyaran murya.

Ya ce, "Nomau, ka ce ma mai saƙar hannunta ya yi. Baɗi in Allah ya kai mu ina son wata. Sai dai ta rage mani yatsa biyu."

Can daga bayan tulin malafu wata 'yar murya ta fito, "Baba Nomau, ka ce mashi to."

Na isar da saƙo da yawa a rayuwata, ban taɓa isar da wanda ya yi mini daɗi kamar wannan ba. Na ce, "Sha'aibu, an ce to."

Ya ce, "Madalla." Ya sa hannu ya ƙara jawo malafar har ta rufe masa fuska gaba ɗaya, ya tafi yana laluben hanya, abokansa na janye shi daga gaban raƙuma.